Buhun Bagaruwa da Awaki Suka Cinye

A wani ƙauye can gefen daji, inda damina take zuwa a makare ta kuma tafi da wuri, akwai wata mace da mijinta. 'Ya'yansu duk sun girma sun watse, na aure sun yi aure, masu neman abinci sun shiga birni. Gida ya rage daga ita sai shi sai awaki.

Matar nan tana da gayauna, wato 'yar gonarta ta kanta, ban da babbar gonar gida. Ba wata mai girma ba ce, amma a nan take shuka kuɓewa da yakuwa da wake da ɗan riɗi, kuma duk miyar da aka sha a gidan daga can ta fito. Aibin gonar ɗaya ne, tana bakin burtali, hanyar da shanu suke bi zuwa mashaya safe da yamma. Saniya kuwa, kun sani, in ta hangi ɗanyen ganyen wake ba ta tambayar na wane ne.

Saboda haka kowace shekara kafin ruwa ya sauka, mijin yakan ɗauki gatari ya shiga daji ya saro ƙaya, ya jawo ta a ƙasa, ya kewaye gonar da ita. Kafin shekara ta zagayo gara ta cinye rabi, masu neman itacen girki sun zare rabi, sai a koma sabon aiki. Ƙayar kusa ta ƙare, sai an yi tafiya mai nisa. Shi kuma ga shekaru sun ja.

Wata rana ya dawo daga saran ƙaya, ya jefar da gatari, ya zauna yana cire tsini daga tafin hannunsa. Ya ce, "Uwargida, zo ki ji saƙo. Bayan nan nawa yana gaishe ki, ya ce in faɗa miki ya gama."

Ta ce, "Ya gama me?"

"Ya gama jan ƙaya. Ki bar gayaunar nan ta koma daji. In don miya ne, ma sha kuka."

"Kuka kullum? Maigida, kai da in an yi miyar kuka jiya an sake yau, kake ɓata fuska kamar an aiko maka da rasuwa?"

Ya ce, "To, sai in koyi haƙuri da tsufana."

Maganar nan ta tsaya wa matar a rai. Ta san ba ƙarya yake yi ba, don ita take gasa masa bayan da ruwan zafi. Amma kuma ba ta iya tunanin rabuwa da gonarta.

Ana nan, wata rana tana dawowa daga ɗibar ruwa, sai ta bi ta bakin wani tsohon tafki inda bagaruwa ta yi kurmi. Ta tsaya da tulu a ka tana kallo. Rassa sun sarƙe da juna, ƙaya fara doguwa ta ko'ina, ko ɗan akuya ba zai ratsa ba balle saniya. Ba mai ba ta ruwa, gara ba ta taɓa ta, ga ta kore shar a tsakiyar rani. Sai ta ce a ranta, "Ashe ga shinge nan da ba ya mutuwa. Me zai hana in shuka shi ya kewaye mini gona?"

Da ta faɗa wa maƙwabciyarta, wata dattijuwa mai yawan awaki da yawan dariya, sai dattijuwar ta tafa hannu ta ce, "Ke ƙanwata, wa kika taɓa gani ya shuka bagaruwa? Ai ita take fitowa inda ta ga dama. Gobe kuma sai ki ce za ki shuka tururuwa."

Matar ta ce, "Yaya, ki yi dariyarki. Abin da yake da ƙwaya ai yana shukuwa."

Mijin kuwa ya ce, "Gwada. Zan lallaɓa bayan nan ya ƙara haƙuri kaɗan."

To, sai ku ga yadda matar nan ta bi da irin. Ta tsinto 'ya'yan bagaruwa, ta ɓare su ɗaya ɗaya, ta zaɓi ƙwayoyi masu ƙiba masu sheƙi, ta zubar da masu huda. Ta wanke su, ta shanya a inuwa don kada rana ta ƙona su. Ta shafe su da toka saboda ƙwari, ta zuba a gora, ta toshe bakin da tsumma, ta rataye a ɗakinta inda idonta zai riƙa kaiwa. Da ruwa ya sauka ta shuka su a gefen gonar, kowace ƙwaya da raminta, tana rufewa da tafin hannu a hankali kamar mai lulluɓe jariri.

Gero ya tsiro, wake ya tsiro, ciyawar da ba wanda ya gayyace ta ma ta tsiro. Bagaruwa shiru.

Hankalinta ya tashi. Kullum da safe sai ta je ta sa yatsa ta tone rami ta duba. Sai ta tarar da ƙwayar tana nan yadda ta sa ta, baƙa, mai tauri kamar tsakuwa, ko kumbura ba ta yi ba. Ta goge ta da bakin zane, ta mayar, ta rufe. Gobe ta sake tonewa.

Mijin ya same ta a durƙushe wata safiya, ya ce, "Uwargida, irin nan shuka shi kika yi, ko ajiya kika ba ƙasa kike zuwa dubawa kada ta taɓa miki?"

Ta ce, "Wuce gonarka, ba da kai nake ba."

Damina ta wuce ba abin da ya fito.

Shekara ta zagayo ta ce lalle kulawa ce ba ta isa ba. Ta ƙara toka, ta lulluɓe ramukan da ciyawa don zafin rana, in ruwa ya yi jinkiri ta ɗauko tulu ta bi tana yayyafawa. 'Yan tsiraru suka leƙo nan da can, ba su kai a kira su shinge ba, su ma tonon da take yi kusa da su ya kashe su.

Da kaka mijin ya ce, "Na yi haƙurin, bayan nan ma ya yi. Ki gwada sau ɗaya tak. In damina mai zuwa ba ta fito ba, gayauna ta koma daji, kuma kada mu sake maganar."

Ta ce, "Na yarda."

A wannan karo ta tashi tsaye. Lokacin da 'ya'yan bagaruwa suka nuna, majema masu jimar fata sukan zo su kwashe su tas, don da su suke aiki. Ita kuwa ta riƙa riga su zuwa bakin tafki, har ta cika buhu guda ya yi tozo. Ba ta ɓare su ba, ta ce wataƙila ɓarewa da wuri ce take sa iska ta shige su. Ta kuma ɗauki fartanya ta haƙa dogon kwari ya kewaye gonar duka, ta bar shi yana jiran ruwa. Buhun kuma ta kai shi ƙuryar ɗaki, ta ɗora a kan tsohon turmi, ta riƙa ɗaure ƙofa da igiya.

Dalilin igiyar kuwa, awaki. Ba abin da akuya take so da rani kamar 'ya'yan bagaruwa. A cikin awakin gidan akwai wata tsohuwa mai farin goshi, ana ce mata Kyalla, wadda ta fi kowa sanin abin da yake cikin ɗakin nan. Sai ta zo ta tsaya a bakin ƙofa tana tuƙa, tana kallon igiya, kamar mai karatun yadda aka ƙulla ta.

Matar takan ce, "Kyalla, na ga idonki. Ki kalla ki ƙoshi."

Sai ga shi an haihu a wani ƙauye kusa da su, dangin matar ne, dole ta je suna. Ta yi shiri, ta ɗaure ƙofa, ta ce wa mijin, "Maigida, ga ɗaki nan. Kada ka buɗe."

"Na ji."

"In ka buɗe ka ɗaure."

"Na ji, Uwargida."

Ta kai bakin zaure ta dawo ta ja igiyar ta ji ko ta ɗauru. Ta fita, ta sake leƙowa. "Ka sa ido a kan Kyalla."

Ya ce, "Ke, tafi, kada a raɗa wa yaron suna a yaye shi ba ki isa ba."

Da rana ta take, mutumin ya shiga ɗakin ya ɗauko tabarma. Ya fito ya naɗa igiyar sama sama, ya shimfiɗa tabarmarsa a ƙarƙashin rumfa, ya ce bari ya miƙe bayansa kaɗan. Kyalla ta zo ta sa baki ta ja igiyar. Ƙofa ta buɗe. Ta shiga, 'ya'yanta suka bi ta, bunsuru ya bi su. Awakin maƙwabciya suka ji labari, ban san wa ya kai musu ba, suka tsallako ta inda danga ta faɗi. Aka ture buhu daga kan turmi, aka yi biki a ɗakin nan wanda ya fi na gidan sunan.

Da la'asar matar ta dawo da ƙullin tuwon suna a hannu. Ta tarar da ƙofa a buɗe, awaki kwance a tsakar gida cikinsu ya yi tim, kowace tana tuƙa cikin kwanciyar rai, ga buhu a yashe ba komai sai gari. Ta saki ƙullin, ta ɗora hannu a ka, ta ce, "Wayyo ni! Wayyo gonata!"

Mijin ya farka a firgice yana laluben hularsa.

"Maigida, ba na ce ka sa ido ba?"

"Na sa, Uwargida. Ido ɗaya kawai na rufe."

"Ɗayan fa?"

"Shi kuma da ya ga ɗan'uwansa yana hutawa, sai ya ji kishi."

Ba ta yi dariya ba. Ta zauna a bakin ƙofa ta yi kuka sosai, irin kukan da ya sa mutumin ya daina wasa ya zo ya tsuguna kusa da ita. Washegari ta je bakin tafki ko za ta sami ragowa. Majema sun riga sun share wurin, ko ɓawo ba su bari ba. Ta dawo ta ce wa mijin, "Shi ke nan. Alkawari alkawari ne. Gayauna ta koma daji."

A kwanakin da suka biyo baya ta riƙa share turken awaki tana tara kashinsu gefe guda, ba ta yi musu magana. Maƙwabciya ma kunya ta kama ta, ta share nata turken ta kawo takin a kwando, ta ce, "Ƙanwata, ba ni da bakin ba ki haƙuri. Ga wannan, ku kai gona."

Mijin ya ɗaura wa jaki mangala zai kwashe takin zuwa babbar gona, sai matar ta tare shi. "A'a. Wannan kashin ɓarayi ne, ba zai shiga cikin hatsin da zan ci ba. Kai shi gayauna. Kwarin nan da na haƙa, duk lokacin da na tuna yana can da baki a buɗe sai zuciyata ta yi zafi. Su suka cinye abin da za a sa a ciki, su za su cike shi."

Mutumin ya ga ba ranar gardama ba ce. Ya kai takin, suka bi kwarin suna zubawa, ta tura ƙasa da ƙafa ta rufe ba tare da ta ko duba ba. Ragowar tsohon shingen bara ma suka jawo suka yar a kai. Ta karkaɗe zanenta ta juya, ba ta waiwaya ba.

Ruwa ya sauka. Matar ta bi mijinta babbar gona suna shuka gero. Ko hanyar gayauna ta daina bi, don kada ta gani ranta ya ɓaci. Ba yayyafi, ba ciyawar lulluɓi, ba tono.

Bayan an yi ruwa mai kyau an sake yi, mijin ya je yankan ciyawar jaki ta wajen burtali. Ya dawo ba ciyawa, yana tafe yana murmushi shi kaɗai.

"Uwargida, kin yi baƙi a gayauna."

Ba ta ɗago daga tsintar da take yi ba. "Shanu ne. Su ci, tasu ce."

"Ba shanu ba ne. Ƙanana ne, sun yi layi sun kewaye gonar, suna jira a zo a yi musu sannu da zuwa."

"Maigida, kada ka yi mini wasa da wannan magana."

"Ɗauko mayafinki."

Suka tafi, tana gaba yana baya, don ta fi shi sauri. Da ta isa sai ta tsaya cik. Duk tsawon kwarin nan, ta ƙarƙashin busasshiyar ƙaya, wani kore ne siriri ya bi ya zagaye gonar kamar an ja zare. Ta durƙusa ta duba. Ganye ƙanana ƙanana masu kama da gashin tsuntsu. Ta san ganyen nan, ta sha ganinsa a bakin tafki. Bagaruwa ce, ba ɗaya ba, ba goma ba, ta fi gaban ƙirga.

Hannunta ya tafi zai tona. Mijin ya riƙe shi. "A'a, a'a. Wannan karon bar su."

A kan wani ɗan tsiro suka ga ɓawon ƙwayar yana maƙale, ya tsage biyu. Matar ta cire shi ta murza, sai ya marmashe a yatsunta, abin da dā ko da haƙori ba ya fasuwa. Suka dubi juna. A nan suka gane. Ɓawon irin bagaruwa yana da tauri ƙwarai, ruwan sama ba ya ratsa shi da sauƙi, sai ya yi shekaru a ƙasa yana kwance. Amma in akuya ta haɗiye shi, zafin cikinta da tuƙar da take yi sukan cinye taurin, ya fito da laushi, ga kuma taki ya rako shi.

Mutumin ya gyara hula ya ce, "Ashe barcin nan nawa aiki nake yi ban sani ba."

Ta ce, "In da barci noma ne, da tuni an naɗa ka sarkin noma." Tana faɗa tana dariya tana share hawaye da gefen mayafi. Can kuma sai ta zabura. "To, in shanu suka taka su fa? In awakin nan suka dawo suka cinye su tun suna ƙanana fa?"

Ya ce, "Kai, Uwargida! Ko gama murnar ba mu yi ba."

Amma a wannan tana da gaskiya, ɗan tsiro yana bukatar kariya. Washegari ba wanda ya roƙe shi, mutumin ya ɗauki gatari. Maƙwabciya ta bi gida gida ta kira gayya, tana ba da labarin yadda awakinta suka yi noma. Mutane suka zo don su gani da idonsu, da suka zo kuma aka miƙa musu gatari. Kafin rana ta yi zafi an kewaye gonar da sabuwar ƙaya, aka sha kunu aka watse. Lokacin kuɓewa ya ɗan wuce, amma na wake bai wuce ba, matar ta shuka wakenta a shekarar.

Bagaruwa ta kama ƙasa. Ta kai gwiwa, ta kai ƙugu, bayan 'yan shekaru ta fi mutum tsawo, rassanta suka sarƙe, ta yi fure rawaya mai ƙanshi har ƙudan zuma suka san hanyar wurin. Shanu sukan zo su tsaya su leƙa, su kaɗa kai su wuce mashaya. Mutumin bai ƙara jan ƙaya ba, gayauna kuma ba ta koma daji ba.

To, 'yan'uwana, ga abin da misalin nan yake nufi.

Irin bagaruwar nan 'ya'yanmu ne, da Maganar Allah da muka zuba a cikinsu tun suna goye. Matar nan kuwa mu ne, iyaye, musamman mu mata. Ban kawo ta don mu yi mata dariya ba, ko da yake mun yi. Ni ma ina da 'ya'ya a nesa, kuma in waya ta yi ƙara a lokacin da ban zata ba, sai gabana ya faɗi kafin in ga sunan mai kira. Na san yawancinmu a nan haka muke.

Gorar da aka toshe aka rataye a ɗaki, ita ce yadda muke so mu riƙe yaro. Kada rana ta taɓa shi, kada wani ya yi masa tsawa, kada ya ji yunwa, kada ya yi nisa. Ƙauna ce, ba wanda zai ce ba ƙauna ba ce. Amma akwai yaron da za ki kawo shi sujada a coci tun yana jariri, ya haddace duk abin da aka koya masa, ya iya waƙoƙin duka, ki duba zuciyarsa ki ga tana nan kamar tsakuwa, maganar ba ta shiga ba. Ba laifinki ba ne. Ɓawo ne, kuma wani ɓawon ruwan tulunmu ba ya ratsa shi.

Tonon da take yi kowace safiya kuma, kun san shi. "Ka ci abinci? Ka je sujada? Me aka yi wa'azi a kai? Wace ce wannan da na ji muryarta kusa da kai?" Yaro bai gama amsa na safe ba mun sake kira da rana. Muna tono ne mu ga ko bangaskiya ta tsiro, muna gogewa muna mayarwa. Abin da yake shirin yin saiwa kuwa ba ya son a riƙa ɗaga shi ana dubawa.

Cikin akuya shi ne wurin da ba mu zaɓa musu ba, ba kuma za mu iya binsu ciki ba. Makarantar kwana mai nisa. Barikin soja. Shagon ubangidan da ba ya yabo sai faɗa. Birnin da yarinya ta je neman aiki ta tarar ba wanda ya san sunan ubanta. Wani ma ciwo ne, wani faɗuwa jarrabawa, wani kuskuren da ya jawo wa kansa da hannunsa. Wuri ne mai duhu mai zafi, mu kuma muna waje da hannu a ka muna cewa an cinye mana wahalarmu. Sau da yawa a can ne yaro yake fara yin addu'a da bakinsa, ba da bakin uwarsa ba. A can ne maganar da ya ji tun yana ƙarami take samun ƙofar shiga.

Ina so ku ji ni da kyau, don kada wani ya fita ya ce na ce a saki yara. Ban ce a buɗe wa awaki ƙofa ba. Barcin maigidan nan ba abin koyi ba ne, ku maza da kuke murmushi a baya, da ku nake. Allah ne ya juya sakacinsa ya zama alheri, ba shi ya yi dabara ba. Kuma ku lura, da matar ba ta tashi da sassafe ta tara buhun nan ba, da ba abin da zai tsiro. Da ba ta haƙa kwarin ba, da tsiron bai sami layin da zai bi ba. Wahalarta ba ta faɗi ƙasa banza ba, hanyar ce kawai ba wadda ta tsara ba. Sa'ad da tsiron ya fito kuma, ai sai da jama'a suka taru suka kare shi. In ɗan wata a cikinmu ya dawo gida da ɗan tsiron tuba, ƙarami mai laushi, kada mu tarye shi da gori da tone-tone. Mu kewaye shi.

Akwai kuma abin da ba zan ɓoye ba, don shi ne yake damuna ni ma. Ba kowace ƙwaya ce ta fito daga cikin akuya da rai ba, wata haƙori ya niƙe ta. Akwai iyaye a cikinmu da suke jira tun da daɗewa ba su ga kore ba, akwai waɗanda suka yi rashi. Ba ni da amsar wannan, ilimina bai kai can ba. Abin da na sani shi ne, wanda ya yi wa ƙwayar nan ɓawo mai tauri, shi ne kuma ya yi akuya da cikinta, tun kafin matar nan ta san akwai wata dangantaka a tsakaninsu. Bai manta da ɗanki ba don ke ba kya ganinsa.

Ku kuma matasa da kuke zaune a nan, wataƙila wani a cikinku yanzu haka yana cikin irin wannan wuri, yana ganin an haɗiye shi an gama da shi. Ba a gama da kai ba. Ka yi kira ga Ubangiji daga inda kake, yana ji daga can ma. In ka samu sarari kuma ka kira mahaifiyarka tun kafin ta kira ka, ka rage mata faɗuwar gaba.

Mu iyaye, ga aikinmu na makon nan. In kin kira ɗanki kin ji lafiyarsa, hannunki ya sake tafiya wajen wayar, ki janye shi. Ki shiga ɗaki ki durƙusa, ki ambaci sunan yaron a gaban Allah, ki faɗa masa duk tambayoyin nan da kike so ki yi, har da ta muryar da kika ji. Shi ba ya gajiya da tambayoyinmu. In kin gama ki tashi ki wanke fuska, ki je ki ɗora tukunya, ki ci abinci ki ƙoshi. Ni ma zan gwada, ku riƙa tambayata ko na iya.

Ubangiji ya tsare mana su a inda idonmu ba ya kaiwa, ya kuma ba mu tsawon rai mu ga tsiron da idonmu. Amin.